Wasiƙa Zuwa Ga Ɗana: Tsohon Fim Ɗin Gobarar Jirgin Ruwa

Assalamu alaikum ɗana,

Bayan gaisuwa, na kalli tsohon fim ɗin horon da ka turo, wanda ke nuna kayan kashe gobara a jirgin ruwa. Tushensa daidai ne: wuta ba ta ci sai da makamashi da zafi da iska, ka raba ta da ɗaya ta mutu. Amma wasu kayan da ya yaba an daina su. Tukunyar kashe wuta mai sinadarin kabon tetrakulorayid tana fitar da iska mai guba idan sinadarin ya taɓa zafi. Halon kuma, wani gas na kashe wuta, an hana sanya shi a sababbin jirage tun 1994, saboda yana lalata rufin ozon da ke kare duniya daga haskoki masu cutarwa na rana.

Ruwa na wutar katako ne da tufa da takarda. Kada ka watsa shi kan mai mai ci, zai fantsama da wutar. Kumfar kashe wuta yake so, ka harba ta jikin bango ta gangaro ta lulluɓe shi. Wutar lantarki kuwa, fara yanke layin, sannan iskar kabon (CO2) ko hodar kashe wuta.

Inda nake so ka nutsu shi ne ɗakin inji. Kafin a saki iskar kabon daga manyan silinda, sai an ƙirga mutane kaf, an tsayar da fankoki, an rufe ƙofofi da mashigar iska, an datse bawul ɗin mai. Wanda aka manta a ciki ba ya fitowa da ransa. Bayan an saki kuma, kada kowa ya yi gaggawar buɗewa. Iskar kabon ba ta sanyaya ƙarfe sosai, iska na shiga wutar ta farfaɗo.

Silindar numfashi ta masu kashe gobara minti 30 ce a takarda, hawan tsani cikin hayaƙi na cinye ta da wuri. Usur ɗinta na gargaɗin ƙarewar iska na kaɗawa, ka juya. Ƙaramar ta gudun ceton rai, mai minti 10, ta fita ce kawai, ba ta faɗa da wuta ba.

Ruwan tiyo ma yana da nauyi. A 1942 jirgin Normandie ya kife a tashar New York saboda ruwan da aka yi ta antaya masa. Ana zubawa, a tabbata ana zuƙewa.

Ranar da ka hau jirgi, zagaya da ƙafarka ka ga inda kowace tukunya take.

Mahaifiyarka na gaishe ka. Allah ya tsare.

Mahaifinka