Kafin ka karɓi aikin nan, Babana

Tudun Wada, Zariya

Babana,

Bayan gaisuwa da fatan kuna lafiya, kai da iyalinka. Mu nan alhamdu lillahi, sai hunturu da ya sa Innarku kwana da garwashi a ɗaki.

Ranar da ka kira ni kan maganar babban mutumin nan da ke son ka rubuta masa tarihin rayuwarsa kafin zaɓe, na ce maka sai na yi tunani. Waya ba ta barina in tauna magana, shi ya sa na ɗauki biro.

Washegari na jawo adakar da ke ƙarƙashin gado. Gara ta cinye bangon Magana Jari Ce na biyu, sauran dai da sauƙi. Na baje littattafan Abubakar Imam a kan tabarma, na zauna ina kallonsu har aka kira azahar.

Kai da Ruwan Bagaja ka san shi, wanda ya shiga da shi gasar 1933 yana malamin Midil a Katsina, bai wuce shekara 22 ba. Ka tuna yadda kake birgima don dariya duk sanda Alhaji Imam ya shirya wa Malam Zurƙe ƙeta? A can ƙarya ado ce, mai karatu ya san wasa ake yi. Haka da ya zo nan Zariya wajen Dokta East a Hukumar Talifi, ya rubuta Magana Jari Ce, ya sa aku ya riƙe ɗan sarki da labari dare bayan dare, ba wanda ya ce ya kawo shaida. To, hannun nan dai shi ya rubuta Tarihin Annabi Kammalalle da Sayyidina Abubakar. Ka karanta su ka gani. Mutumin da ya iya ƙaga gari da sarkinsa a zama ɗaya, da ya zo kan rayuwar da aka yi da gaske sai ya kama bakin alƙalaminsa. Daɗin Hausar yana nan, amma abin da ya samu a littattafan malamai shi ya bi.

Siyasarsa ce ma ta fi tsaya mini a rai. A Janairun 1939 ya zama editan Gaskiya Ta Fi Kwabo, jaridar da Turawan mulki suka kafa, albashinsa kuma daga hannunsu yake fitowa. A 1943, ana tsakiyar yaƙin duniya, ya bi jirgin ruwa zuwa Ingila tare da 'yan jaridun Afirka ta Yamma, tafiyar da ta haifi Tafiya Mabuɗin Ilmi. Azikiwe ya tsara takardar neman mulkin kai, Imam ya ƙi sa hannu. Ina saurayi, lokacin da kunnena ya cika da wa'azin 'yan jam'iyyar PRP ta Malam Aminu Kano, na ɗauki wannan tsoro ne, har gobe ma ban gama yarda da shi ba. Amma a tafiyar nan ya zauna da Lugga, wanda ya kafa tsarin mulki ta hannun sarakuna, ya zayyana masa ɓarnar da ake yi wa talaka a ƙarƙashin En'e, ya kuma bi shi da wasiƙu. Ka ga bai faranta wa na hagu ba, bai faranta wa na dama ba.

Don haka kafin ka karɓi ko sisi, ka tambayi mutanen nan. Za su bar ka ka zauna da waɗanda ya ɓata da su? Shekarar da ya faɗi zaɓe, da kwangilar da mutanen garinsu ke gunaguni a kanta, za su shiga littafin? Kuma in ka gama, wa zai riƙe jan biro, kai ko yaransa? In sun ce a'a, to roƙo suke nema. Maroƙi kuwa ya fi ka mafita, don da kalangunsa yake zuwa, kowa ya san sana'arsa. Kai sunanka za a buga a bango, sunan da masu karanta gajerun labaranka suka fara amincewa da shi.

Ban taɓa gaya maka wannan ba. Ina hedimasta, wani jami'i zai kawo ziyara, aka sa ni rubuta jawabin maraba. Na rubuta cewa shi ya gina mana azuzuwa biyu, alhali iyayen yara ne suka yi karo-karo, har da masu kawo yashi a kan jaki. Ina cikin karantawa na ɗaga kai, muka haɗa ido da wani tsoho wanda da hannunsa ya buga bulon. Bai ce komai ba, gyara hularsa kawai ya yi. Shafi ɗaya ne, shekara talatin da wani abu ke nan, kuma ba na son bi ta ƙofar gidansa har yau, ko da yake ya daɗe da rasuwa. Kai shafi ɗari biyu ake nema a wurinka.

Na san kuɗin haya ya matso, ga haihuwa a gaba. In sun amince da sharuɗɗanka, ka yi aikin da kyau, ka sa shi mutum ne mai kirki da kuskure. In sun ƙi, ka zo mu duba abin da za a samu daga masarar bana.

Na ba ƙaninka littattafai huɗu ya kai wa direba a Kwangila, zai kira ka gobe da hantsi. Ka lallaɓa na biyun nan, takardunsa sun saki. Kuma aro ne, ka dawo mini da su da Sallah.

Innarku tana gaishe da mai ɗakinka, ta ce ta rage hawa babur.

Mahaifinka