Wasiƙa daga Jidda a kan kalandar launuka

Assalamu alaikum wa rahmatullah.

Ya aminina Malam, bayan gaisuwa mai yawa da fatan kana lafiya, kai da iyali da dukan mutanen Maiwurno, ina roƙon Allah ya dawo wa ƙasar Sudan da zaman lafiya. Dalilin wannan takarda shi ne wani tunani da ya daɗe yana yi mini yawo a ka, wanda in na faɗa wa abokan aiki a nan za su ce zaman keken ɗinki ya taɓa ni, amma kai na san za ka saurara har ƙarshe kafin ka yi dariya.

A bangon shagonmu akwai kalanda mai kwanan wata biyu, na Ummul Ƙura, wato na Hijira, a sama, na Miladiyya a ƙasa. Shekarar Hijira kwana 354 ce ko 355, tana gaza shekarar rana da kimanin kwana 11, shi ya sa azumi yake zagaya damina da rani, sai bayan shekara 33 ya komo inda ya tashi. Ta Miladiyya tana bin rana, amma sunayen watanninta ba sa gaya mini komai. A cikinsu babu mai faɗa mini yadda gari yake a waje, ga shi ina wuni ƙarƙashin farar fitila da sanyin na'ura, hantsi da la'asar duk ɗaya ne a idona.

Wata rana ina jera zare a kan kantar shago, sai hannuna ya faɗa kan wani ja mai duhu, nan take na tuna koginmu a farkon damina, lokacin da ruwan tsaunukan Habasha yake saukowa da laka, kogin da Larabawa suke kira Azraƙ ya rikiɗe ya zama kamar kunun kanwa. Sai na ce a raina, me zai hana shekara ta fara daga ranar nan? Ba da lissafi ba, da gani, kamar yadda ake tsayar da wata: mutum biyu adalai su sauka bakin kogi da safe, su ɗebo ruwa a farar ƙwarya, in sun shaida ya yi ja, a buga tambari a ce watan Ja ya kama.

Daga nan na ci gaba da jera zaren. Bayan Ja sai Kore, sa'ad da dawa ta rufe baƙar ƙasa, sannan Ɗorawa, lokacin da mutanenmu suke fita yankan riɗi da dawa wajen Gadarif. Da sanyi ya shigo, laka ta kwanta, kogi ya washe, sama ta yi garau, wannan shi ne Shuɗi. Watan da ya fi ba ni wahala shi ne na bazara, domin na rasa zaren da zai dace da shi. Da farko na ɗauki rawaya, sai na tuna cewa a tsakiyar wannan zafin sama ba ta da launi ko kaɗan, haske ne kawai yake dukan ido har mutum ya runtse, tun hantsi inuwa take gudu ƙarƙashin ƙafa. Na sa masa suna Fari, kuma shi ne mafi tsawo. Na ƙarshe gajere ne, watan Ƙura, lokacin guguwar habub, wanda yake tasowa kamar ganuwa ya mai da azahar almuru. Watanni shida ke nan, babu biyu masu tsawo ɗaya, kuma na bana ba lallai ya yi daidai da na baɗi ba.

Kada ka zaci ina neman taɓa watanni goma sha biyu da Allah ya ambata a Suratut Tauba. Azumi da Hajji suna nan a inda suke. Hasali ma addinin ne ya koya mana karanta lokaci da launi. Sahur yana ƙarewa idan farin zare ya bayyana daga baƙin zare, malamanmu sun hana jinkirta la'asar har rana ta yi fatsi-fatsi, isha'i kuwa ba ta shiga sai jan shafaƙi ya ɓace, sannan ga fararen kwanaki, 13 da 14 da 15 ga wata. Manomanmu ma suna da nasu lissafin na taurari 28, kowane kwana 13, Jabha kaɗai ke da 14, amma wannan na masu duban dare ne, nawa na masu duban rana.

Aibin kalandar tawa ban ɓoye shi ba. Wanda ya ci bashi zai rantse cewa gona ba ta gama zama ɗorawa ba, mai bin sa kuwa tun jiya ya ga ta nuna. Babban aibin kuma shi ne ba ta yin tafiya. Na gwada ta a nan Jidda, sai na tarar kusan shekara duka Fari ce, in ban da 'yan kwanakin da ruwa yake sauka cikin sanyi. Ko a gida ma ina da fargaba, domin tun da Habasha ta fara tara ruwa a babbar madatsarta a 2020, lakar da a da take isowa madatsar Sinnar, wadda aka gama a 1925, yawancinta tana kwantawa can baya.

Saboda haka ga roƙona. Idan damina ta kusa, ka riƙa aika ƙaramin ɗanka bakin kogi da ƙwarya, ka rubuta mini ranar da ruwan ya juya da irin jan da ya yi. Na saka guntun jan zaren nan a cikin ambulan, ka kara shi da ruwan ka gaya mini ko har yanzu sun yi kama.

Ka gaishe mini da Hajiya da yara.

Naka amini, daga Jidda.