Zuwa ga 'yata mai son rubuta littafi

Mamana,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa, da fatan kina lafiya, karatu kuma na tafiya daidai.

Labarin da kika turo mini ta WhatsApp na karanta. Alƙalaminki na da daɗi, ba zan ɓoye miki ba. Sai dai tun daga farko har inda kika tsaya ban ga an ɗora tukunya ba. Yarinyar nan daga Abuja sai Dubai, mota sai wadda ta zaɓa, ba wanda ya taɓa tambayar kuɗin cefane. Ke da kika tashi a gidan da ake auna shinkafa da gwangwani!

Ki nemi Alhaki Kuykuyo Ne na Hajiya Balaraba Ramat Yakubu, wanda ya fito a 1990. Rabi ce da 'ya'ya tara, da miji Alhaji Abdu, ɗan kasuwa, wanda abin da yake ajiyewa na cefane ba ya kai su ko'ina, alhali yana zuba wa Delu kuɗi a waje. Ya auro Delu, ya kori Rabi. Ita kuwa ta kama sayar da abinci, da shi ta riƙe yaranta. Da gobara ta cinye shagonsa, Delu ta juya masa baya, sai aka taru aka matsa wa Rabi ta koma ɗakinta.

To, nan nake so ki tsaya ki duba. Da wata ce, sai ta kawo wani attajiri ya aure Rabi, mai karatu ya yi barci da murmushi. Hajiya Balaraba ta ƙi. Ta bar ta ta koma ba da son ranta ba, don haka ake yi wa mata a garin nan. Ni kam har gobe wurin na ba ni haushi, amma ban isa in ce ƙarya ta yi ba.

Ba daga sama ta samo wannan ba. Ƙanwar marigayi Janar Murtala ce, duk da haka aka cire ta daga makaranta aka aurar da ita tana 'yar shekara 13, sai daga baya ta shiga karatun manya. Ki karanta Wa Zai Auri Jahila? za ki ji inda ke yi mata ciwo. An daɗe ana yi wa irin littattafansu kallon raini, wai adabin kasuwar Kano, sai ga shi a 2012 Aliyu Kamal ya fassara labarin Rabi zuwa Turanci, aka buga a Indiya.

Ban ce ki kwaikwaye ta ba, zamaninku daban. Amma kin san uwar adashin layinmu, kin ga ranar da kuɗin mutane suka maƙale a hannunta, mata suka cika mata tsakar gida. Fara daga nan. Ki dai sauya sunaye, kada ki haɗa ni faɗa da maƙwabta.

Kuma jarrabawa tukuna, rubutu ya jira hutu. Babanki na gaishe ki. Allah ya yi miki albarka.

Mahaifiyarki