Manomi da Takara a Sakkwato

Ranka ya daɗe Edita,

Don Allah jaridarku ta faɗakar da manomanmu masu sha'awar takara. Yawanci daga kansila ake farawa, sannan a hango ɗaya daga kujeru 30 na Majalisar Dokokin Jiha. Tun 2018 shekara 25 ta isa, da shaidar karatun sakandare.

Gona ce ke shan wuya. Zaɓen Majalisar Jiha na 2019 da na 2023 duk a Maris suka faɗo, lokacin cirar albasa a Wurno da Goronyo. Maigida na yawon kamfe, yara su cire ta ganye bai kwanta ba, su zuba a rudu (rumbun ajiye albasa) ba ta sha iska ba, ta ruɓe. Wani ma fadamarsa yake jinginarwa don kuɗin fom, 'yan jam'iyya kuma su juya masa baya a zaɓen fid da gwani.

Naka,
Mai karatu daga Kware