Me ya sa muke cirko-cirko a kan wanda ya yi hatsari?

Ya Edita,

Assalamu alaikum. Ina roƙon ɗan fili in tofa albarkacin bakina kan wata magana da ta zama ruwan dare a nan Zariya. Duk ranar da aka yi hatsari a Kwangila ko Ɗanmagaji, bidiyo ya zagaya wayoyi, ga mutum kwance jina-jina jama'a sun yi masa zobe babu mai taɓa shi, hukuncin da ake yankewa ɗaya ne: imani ya ƙare, zukata sun bushe. Na ji haka a majalisa, na ji a huɗuba, kuma ban gamsu ba. Mutanen nan da suka tsaya kallo su ne dai waɗanda idan maƙwabci ya rasu za su rufe shago su raka shi maƙabarta, su dawo su yi zaman makoki. Busasshiyar zuciya ba ta wannan.

Darasin zamantakewa na koyar a sakandare har na yi ritaya, kuma wannan hali yana cikin abubuwan da masana halayyar ɗan Adam a cikin jama'a suka daɗe da bincikawa. A 1964 an kashe wata mata mai suna Kitty Genovese a birnin New York na Amurka, jarida ta buga cewa mutum 38 suna ji suna gani babu wanda ya motsa. Daga baya an gano an zuzuta labarin, amma shi ne ya tunzura wasu masana biyu, John Darley da Bibb Latané, suka shirya gwajin da suka wallafa a 1968. Sukan sa ɗalibi a ɗaki shi kaɗai yana magana da wasu ta na'ura, can sai ya ji ɗayansu kamar farfaɗiya ta kama shi, yana neman taimako, alhali murya ce da aka naɗa. Cikin waɗanda suka ɗauka su kaɗai ke jin kukan, kashi 85 cikin ɗari sun fito neman agaji tun kafin muryar ta yanke. Waɗanda aka sa suka ɗauka akwai wasu mutum huɗu da ke ji, kashi 31 kacal suka fito. Ɗalibai iri ɗaya ne, tarbiyya iri ɗaya. Yawan masu ji ne kawai ya sauya, nauyin ya rarrabu har kason kowa ya zama bai kai ya ɗaga shi daga kujera ba. Mun taso muna jin sarkin yawa ya fi sarkin ƙarfi, to ga inda yawan ke kashe jiki.

Sun yi wani gwajin da ya fi ba ni mamaki. Ana cikin cike takarda sai hayaƙi ya fara shigowa ɗaki. Wanda ke shi kaɗai, uku cikin huɗu sun tashi sun sanar. Amma da aka zaunar da mutum tare da wasu biyu da aka umarta su yi biris, ɗaya cikin goma ne ya tashi. Sauran sun zauna suna tari suna murza ido, domin kowa yana satar kallon fuskar na kusa da shi, ya ga bai damu ba, sai ya ce wa ransa ashe abin bai kai ba.

Na ga wannan da idona kusa da Ƙofar Doka, wata ranar da babur ya zubar da wani dattijo, goshinsa ya fashe. Kafin ka ce kwabo an taru, salati ke tashi ta ko'ina, ana ta "sannu Baba", wani yaro ya ɗaga waya sama don ya samu hoto mai kyau. Kowa na cewa a kai shi asibiti, amma babu wanda ya san wa ake nufi. Sai wata mai sayar da awara ta ajiye matsaminta ta kutsa, ta cire gyalenta ta danne ciwon, ta ɗago kai ta ce, "Kai mai jar hula, zo ka riƙe masa kai. Kai ɗan Keke, juyo da ita nan." Mai jar hular ya durƙusa nan take kamar dama jira yake. Kafin a ɗaga dattijon hannuwa sun yi yawa har ana ture wasu, wani ya biya kuɗin Keke, wani ya tsinto hularsa da takalminsa. Baiwar Allahn nan ba ta yi wa kowa wa'azi ba, mutum ɗaya ta nuna da yatsa ta ɗora masa aiki ɗaya.

Malamanmu na fiƙihu sun san wannan ramin tun da daɗewa. Ceton rai farilla ce ta kifaya, idan wasu suka yi ta faɗi a kan saura, idan kowa ya bari kowa ya yi laifi. Rabin farko muka haddace. Rabi na biyun ne nake so masu huɗuba su riƙa nanatawa, su kuma ƙara da dabarar nan ta kiran mutum da kamanninsa. 'Yan agajinmu na ƙungiyoyin addini da shugabannin masu Keke da 'yan acaɓa za su iya koyar da ita a zama ɗaya, tare da lambar 122 ta hukumar kiyaye haɗurra.

Sai dai kada in yi wa mutanenmu rashin adalci, akwai abin da ɗaliban Amurka ba su fuskanta ba a ɗakin gwaji. A nan wanda ya ɗauki mai rauni yana tsoron a riƙe shi a ce sai ya yi bayani, ko a ce ba za a taɓa majinyaci ba sai an kawo takardar 'yan sanda, ko kuɗin magani ya dawo kansa. Ko labarin gaskiya ne a kowane wuri ko a'a, tsoron yana nan daram, kuma shi ma yana ɗaure ƙafa. Dokar Lafiya ta Ƙasa ta 2014 ta hana asibiti ƙin duba wanda ke cikin halin gaggawa bisa kowane dalili, amma mutum nawa a Tudun Wada ko Sabon Gari suka taɓa jin ta? Ina roƙon jaridarku ta tura wakili ya tambayi shugabannin asibitocin Zariya da na 'yan sanda, su faɗa da bakinsu me ake buƙata daga wanda ya kawo mai hatsari, a buga amsar da Hausa yadda ɗan Keke zai iya yanke ta ya ajiye a aljihu.

Wassalam.

Naku,
Tsohon malamin makaranta,
Tudun Jukun, Zariya