An dakatar da mai shagon hatsi, masu kati ne ke jin jiki

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Ina karatu a jihar Uttar Pradesh ta Indiya, akwai wani abu da ya daɗe yana ci min tuwo a ƙwarya, ku ɗan ara min fili.

A nan gwamnati tana raba hatsi ta wasu shaguna masu lasisi, sun haura dubu 500 a faɗin ƙasar. Dokar abinci ta 2013 ta ba duk mutumin da sunansa ke cikin katin rabon abinci kilo 5 na shinkafa ko alkama a wata, gidajen da talauci ya fi yi wa katutu kuma kilo 35, tun Janairun 2023 ma kyauta ake bayarwa. Mai shagon kotedar suke ce masa.

To na unguwarmu aka kai ƙara, wai yana sa mutane su dangwala yatsa a na'ura sai ya ce ku dawo gobe, wanda ya samu kuma an tauye masa awo. Jami'ai suka zo suka dakatar da lasisinsa, wallahi na ji daɗi ranar. Amma fa sai aka mayar da masu katin wani shago can nesa, matar da ke mana shara, dattijuwa ce, na gan ta da idona tana dawowa da buhu a ka cikin rana tsaka, ta rasa aikin wuni guda, wata na biye ta je layi ya yi tsawo na'ura ta ƙi karɓar yatsanta ta dawo hannu rabbana.

Shi kuwa kotedar ya ɗauki lauya. Ya ɗaukaka ƙara wajen kwamishina, in bai gamsu ba Babbar Kotun Allahabad tana nan, sashe na 226 na tsarin mulki ya ba shi dama. Kuma hujjar da irinsu ke kawowa kusan guda ce kullum, ba a ba ni kwafin rahoton bincike ba, ba a saurare ni ba. Ban ga laifinsu ba sam, haƙƙinsu ne. Ita kotun tun 2010 a shari'ar Puran Singh ta ce ana iya dakatarwa ba tare da an fara jin ta bakin mutum ba, amma kafin a soke lasisi dole a yi cikakken bincike. Jami'in da ya yi aikin gaggawa ya tsallake wannan, kotu ta rushe hukuncinsa, sai ka ga mai tauye awo ya koma kan sikelinsa ba don an wanke shi ba.

Abin da ke min ciwo, a duk wannan sa-in-sa ba wanda ya kira dattijuwar nan ya tambaye ta komai, alhali abincinta ake shari'a a kai. In za a dakatar a dakatar, amma a kammala binciken cikin 'yan makonni bisa ƙa'ida, a kuma kawo wani ya ci gaba da rabon a nan cikin unguwa. Watanni ke nan shagon yana garƙame.

Naku,
Wani ɗalibi daga Lucknow