A Daina Koya wa Yara "Ta Tsallaka Ta Canza Alama"

Edita, assalamu alaikum.

Ina roƙon fili a jaridarku domin in yi magana da malaman lissafi na ƙaramar sakandare da iyaye masu duba aikin gida, kan lambobin da ke ƙasa da sifili, waɗanda yara ke kira masu mainas.

A ajujuwa da yawa ana haddatar da yara cewa idan lamba ta tsallaka alamar daidai, sai ta canza alama. A ganina wannan haddar ce ke kayar da su a jarrabawa, tun daga aji uku har zuwa WAEC da NECO. Mu ɗauki 5 − 2x = 11. Yaro zai tsallakar da 5, ya samu −2x = 6, kuma nan bai yi kuskure ba. Daga nan sai ya "tsallakar" da −2, ya canza mata alama kamar yadda aka koya masa, ya raba 6 da 2, ya rubuta x = 3. Amsar ta ɓaci. Ita −2 ninka x take yi, ba tara ta aka yi ba, don haka raba ɓangarorin biyu za a yi da −2 ɗin da alamarta: x = −3.

Gara a nuna masa sikelin mai nama. Abin da ka cire a faranti guda, ka cire shi a ɗayan. Debe 5 hagu da dama, raba hagu da dama da −2, shi ke nan. Sannan a tilasta masa mayar da amsar cikin tambayar: 5 − 2(−3) ya zama 5 + 6, wato 11. Da ya gwada 3, da ya ga −1 ta fito, ya kama kansa kafin malami ya kama shi. Gwajin nan bai kai minti ɗaya ba.

Kuskure na biyu shi ne waƙar "mainas da mainas fulos". Wannan dokar ninkawa da rabawa ce kaɗai. Yaro ya ga −3 − 4 sai ya rubuta 7. A tambaye shi da harshen kasuwa: mai shago yana bin ka naira 300, ka ƙara cin bashin 400, nawa ake bin ka? Ba zai taɓa cewa ya ci riba ba. Zai ce 700 ake bin sa. Haka nan amsar −3 − 4 ita ce −7. Wannan misalin ba sabo ba ne. Masanin Indiya Brahmagupta, a shekarar 628, da kalmomin dukiya da bashi ya rubuta dokokin waɗannan lambobi.

Sai baka, wato alamar ( ). A −(x − 4) = 9, alamar da ke waje tana shafar duk abin da ke ciki, ba na farko kaɗai ba: −x + 4 = 9, sai −x = 5. Yara da yawa nan suke ajiye biro, alhali x ake nema, ba −x ba. A raba da −1, a samu x = −5.

Ina roƙon shugabannin makarantu su sa a zana layin lambobi a bangon kowane aji ɗaya na ƙaramar sakandare, daga −10 zuwa 10, sifili a tsakiya. Fenti kaɗan ya isa, ko alli.

Wassalam.

Malamin lissafi, Zariya